Farar da Muke Ci da Farar da Ke Cin Mu: Ya Dace a Sake Shirya Fim Ɗin Tsoro na Ƙwari a Limawa?

Tun 1990 da ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a Kano, fim ɗin Hausa ya yi iyo a kogin soyayya da kishi da rabon gado da rikicin sarauta, ya kuma taɓa siyasa a shirye-shirye masu dogon zango irin su Kwana Casa'in na tashar Arewa24. Abin da bai ba wa muhimmanci ba shi ne fim ɗin tsoro. Idan ma an taɓa shi, ba ya wuce aljani mai jajayen idanu, ko maye, ko boka a cikin kogo yana ƙyaƙyata dariya. A kudancin Najeriya kuwa an koma ga tsofaffin finafinai masu firgitarwa ana sabunta su: Living in Bondage na 1992 ya samu ci gaba a 2019, Nneka the Pretty Serpent ma an sake shi a 2020. Wannan ya sa tambaya ta taso: idan mai shirya fim daga Jigawa zai ɗauko wani fim ɗin tsoro na ƙasar waje ya sake gina shi da Hausa, wanne ya kamata ya ɗauko, kuma shin ya kamata ma ya yi? Matsayina shi ne ya kamata, fim ɗin da ya fi dacewa kuma shi ne La Nuée na Faransa, wanda Just Philippot ya ba da umarni a 2020, a mayar da labarinsa unguwa irin Limawa a Dutse. Sai dai masu adawa da wannan ra'ayi suna da hujjoji masu nauyi, kuma ba adalci ba ne a tsallake su.

Labarin La Nuée bai da sarƙaƙiya. Wata mata ce da mijinta ya rasu ya bar ta da 'ya'ya biyu, take kiwon fari a ƙauyen Faransa tana niƙa su gari don sayarwa. Kiwon ya ƙi albarka, bashi ya yi mata katutu, har ranar da ta ji rauni a ɗakin kiwon, farin suka lashi jininta, ta lura sun fara ƙiba suna hayayyafa. Daga nan ta shiga ciyar da su da jini, har da na jikinta, kasuwa ta buɗe, gidanta kuma ya fara rushewa. Wannan fim ɗa ne a dangi mai tsawo. A 1954 Amurkawa sun yi Them!, inda gwajin makamin nukiliya a hamadar jihar New Mexico ya mayar da tururuwa ƙatta, domin tsoron mutanen lokacin shi ne bam. A 1958 aka yi The Fly daga gajeren labarin George Langelaan, sannan David Cronenberg ya sake shi a 1986, ya mayar da shi labarin mutumin da jikinsa ke ruɓewa a gaban idon masoyiyarsa. A 1997 Guillermo del Toro ya yi Mimic, inda ƙwarin da masana suka ƙirƙira don kashe kyankyasai suka juyo kan mutane. Darasin da ke cikin wannan jeri ɗaya ne: kowane fim ya yi tasiri ne gwargwadon yadda ƙwaronsa ya ɗauki damuwar da ke cin zuciyar mutanen zamaninsa. Sakewar 1986 ta fi ta asali suna saboda Cronenberg ya riƙe ƙashin labarin ya sauya abin da ake tsoro.

Hujjar farko ta masu cewa kada a yi ita ce ta kwaikwayo. Suna cewa fim ɗin Hausa ya daɗe yana shan suka a kan abin da 'yan fim da kansu ke kira wanki, wato a ɗauko fim ɗin Indiya a sauya sunaye da tufafi a ce an yi sabo. Farfesa Abdalla Uba Adamu ya yi rubuce-rubuce masu yawa a kan wannan ɗabi'a da yadda ta yi wa masana'antar dabaibayi. To idan an gaji da wankin Indiya, me ya sa za a koma wankin Faransa? Ga kuma doka: Najeriya ta yi sabuwar dokar haƙƙin mallaka ta 2022, kuma sake gina fim ɗin wani ba tare da izininsa ba shiga haƙƙi ne, a shari'ar ƙasa da ta Musulunci. Hujja ta biyu ta kayan aiki ce. Suna cewa fim ɗin ƙwari yana cin kuɗi, yana buƙatar ƙwararrun siddabarun kwamfuta, kuma idan aka yi shi da araha dariya zai ba mutane maimakon tsoro. Suna kawo misalin The Swarm na 1978, wanda Irwin Allen ya zuba masa dukiya ya tara manyan jarumai irin su Michael Caine da Henry Fonda, amma ya faɗi a kasuwa, har yau ana lissafa shi cikin finafinan da suka fi muni. Idan Amurka da kuɗinta ta kasa mayar da ƙudan zuma abin tsoro, ina ga mai shirya fim da ke neman kuɗin man janareta?

Hujja ta uku ta fi waɗannan shiga rai, domin ta shafi tarbiyya da addini. Dattawa da malamai da dama na ganin tsorata mutane don nishaɗi ba aikin kirki ba ne, kuma nuna jini da raunuka na iya taurara zuciyar yara ko ya hana su barci. A gidajenmu waya ɗaya yara biyar ke kewaye da ita, babu wanda ke duba alamar shekaru. Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano, wadda aka kafa a 2001, ita ce ƙofar da mafi yawan finafinan Hausa ke bi, kuma fim mai cike da jini zai sha wuya a gabanta. Hujja ta huɗu ta masu sana'a ce. Fara abinci ce a ƙasar Hausa da Barno da Nijar. Mata da yawa da ita suke riƙe gida: a kamo ta da dare lokacin sanyi sa'ad da ba ta iya tashi, a gyara, a soya, a barbaɗa yaji, a ƙulla a leda. Fim ɗin da zai nuna fara tana shan jinin mutum zai iya sa masu saye su ji ƙyama, talaka ya rasa abin yi saboda nishaɗin wani. Hujja ta biyar kuwa ta kasuwa ce: mai kallon Hausa, in ji su, waƙa da soyayya da rikicin gida yake so, ba zai ƙona datarsa a kan ƙwari ba.

Masu goyon baya sukan fara da tarihi, kuma a nan ne nake ganin ƙafarsu ta fi kafuwa. Bafaranshe da ya kalli La Nuée yana kallon baƙon abu ne, domin sai a 2021 Tarayyar Turai ta amince a sayar da farar ɗango a matsayin abinci. Bahaushe kuwa ya san fara ta fuska biyu tun kaka da kakanni: yana cin ta a kasuwa, ita kuma tana cin gonarsa. Annobar farin ɗango da ta tashi daga fadamun kogin Kwara a ƙasar Mali a 1928 ta yi ta yawo a Afirka har zuwa 1941, kuma yunwar da ta afka wa yammacin Nijar a 1931 da 1932 da sunan fari mutanen can suke tuna ta. A 2004 farin hamada sun sake mamaye Muritaniya da Senegal da Mali da Nijar, suka haɗu da ƙarancin ruwan sama da tsadar hatsi, abin da ya kai ga matsananciyar yunwa a 2005 a yankunan Maraɗi da Tawa da Damagaram, ita Damagaram ɗin nan da ke iyaka da Jigawa ta wajen Maigatari. Hukumar Abinci da Aikin Gona ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta ƙiyasta cewa garken fari mai faɗin murabba'in kilomita ɗaya yana iya ƙunsar fari kusan miliyan 40, ya kuma cinye a rana ɗaya abincin da zai ishi mutum 35,000, yana tafiyar da ta kai kilomita 150 a yini. Manomin gero a Kudai ko Sakwaya ba ya buƙatar a ƙirƙiro masa dodo kafin gabansa ya faɗi. Duhu ya taso daga arewa ba tare da hadari ba ya ishe shi.

Kimiyyar fara ma da kanta labarin tsoro ce a shirye. A 1921 masani Boris Uvarov ya gano cewa farar da ke zaune ita kaɗai cikin ciyawa da wadda ke tafiya cikin garke halitta ɗaya ce, yanayi ne ke sauya ta. Idan abinci ya ƙaranta suka cunkushe wuri ɗaya, ƙafafunsu na baya suna gogar juna, sai launinsu da ɗabi'arsu su canja. Binciken da aka wallafa a 2009 ya nuna cewa wani sinadari a jijiyoyinsu, serotonin, shi ke kunna sauyin ɗabi'ar cikin 'yan awoyi. Matsi da yunwa ne ke mayar da halitta mai kunya ta zama annoba, kuma duk marubucin da ya san halin da talaka ke ciki ya san abin da zai yi da wannan gaskiya. Ba fara kaɗai ba ce ma. A 2016 tsutsar tumatir da manoma ke kira Sharon ta share gonaki a Kano da Jigawa da Katsina da Kaduna, har gwamnatin Kaduna ta ayyana dokar ta-ɓaci a kan tumatir, masana'antar Dangote da ke Kadawa ta rasa abin sarrafawa. A shekarar ce kuma aka fara ganin tsutsar masara mai cin dare ɗaya a Najeriya. Sauro kuwa shi ne babban makashi, tunda Najeriya ce ke ɗauke da kusan kashi ɗaya cikin huɗu na masu zazzaɓin cizon sauro a duniya. Al'ummar da ƙwari suka yi wa wannan ɓarna tana da haƙƙin ta ga tsoronta a allo da harshenta.

Idan aka auna hujjojin biyu, ta kwaikwayo tana da rabin gaskiya. Wanki abin ƙi ne, kuma duk wanda zai ɗauki labarin Philippot fage bayan fage dole ya nemi izini ya biya. Amma dokar haƙƙin mallaka tana kare yadda aka tsara aiki ne, ba ta mallaka wa kowa tunanin cewa fara na iya zama abin tsoro. Hanya biyu ce a buɗe: a nemi izini a fili a rubuta shi a farkon fim, ko a ɗauki tambayar da fim ɗin ya yi a gina sabon labari daga tushe. Abin da ya bambanta sakewa da wanki shi ne ko an kawo sabon abu, kuma a nan muna da abin da Faransa ba ta da shi. A can matar tana fama ne da mutanen da ke ƙyamar abin da take sayarwa. A nan kowa na so, matsalarta ita ce fara tana da lokaci, idan kaka ta wuce sai ta yi tsada ko ta ɓace. Wannan kaɗai ya sauya dalilin da zai sa ta fara kiwo. Hujjar kayan aiki kuwa misalinta ne ke rusa ta. The Swarm ya faɗi duk da kuɗinsa saboda labarinsa ba shi da rai. A 1974 Saul Bass ya yi Phase IV da tururuwa na gaske da aka ɗauka daf da daf, har yau masu nazari na yaba shi. A Legas C.J. Obasi ya yi fim ɗin tsoro Ojuju a 2014 da kuɗi kaɗan, ya ci kyautar fim ɗin Najeriya mafi kyau a bikin AFRIFF. Fara ta gaske buhu-buhu ake samunta a kasuwanninmu, kuma kyamarar da ke iya nuna bakinta yana tauna ganye ba ta fi ƙarfin mai shirya fim na yau ba.

Hujjar tarbiyya ita ce wadda ya kamata a karɓa da hannu biyu, domin ta fi gyara fim ɗin fiye da hana shi. Tsoratarwa don wa'azi ba baƙuwa ba ce a wurinmu. Tatsuniya cike take da Dodo, kuma manyan taurarinta Gizo ne da matarsa Ƙoƙi, dukansu daga duniyar ƙananan halittu. Alƙur'ani mai girma yana da surori da aka sa wa sunan ƙudan zuma da tururuwa da gizo-gizo, ya kuma ambaci fari da ƙwarƙwata cikin azabobin da aka saukar wa mutanen Fir'auna. Ƙissar Namarudu da sauron da ya shiga hancinsa kowane ɗan makarantar allo ya ji ta a wajen tafsiri. Saƙon duka ɗaya ne: mai girman kai ana ƙasƙantar da shi da mafi ƙanƙantar halitta. Fim ɗin da ya tsaya a kan wannan bai saɓa wa tarbiyya ba. Abin da za a ɗauka daga masu wannan hujja shi ne a rage jini a ido, a bar kunne da zuciya su yi aiki, a kuma rubuta a fili cewa ba na yara ba ne. Damuwar masu soya fara ma gaskiya ce, kuma maganinta yana cikin rubutun labarin: a nuna sauran mata masu sana'ar cikin tsafta da amana, ɓarnar ta fito daga zaɓin mutum ɗaya. Har ma fim ɗin zai iya yi musu amfani idan ya ja kunne a kan farar da aka kwaso daga gonar da aka yi wa feshi, wadda masana aikin gona ke gargaɗin kada a ci. Batun kasuwa kuwa, masu kallon da suka rungumi fassarar finafinan Indiya, ciki har da irin su Eega na S.S. Rajamouli na 2012 wanda jaruminsa ƙuda ne, sun nuna cewa labari mai kyau suke bi.

Ko a cikin masu goyon baya akwai muhawara ta biyu a kan yadda za a yi. Wasu na cewa a sa aljani ko sammu ya zama sanadin haukacewar farin, domin shi mai kallo ya saba da shi kuma ya fi saurin yarda. Wasu na cewa a bar sanadin a hannun mutum. Ina tare da na biyun. Da zarar an ce aljani ne, an wanke kowa daga laifi, labarin ya koma neman mai ruƙiyya, mai kallo ya tashi bai ɗauki komai ba. Amma idan sanadin bashi ne da kwaɗayi da ganganci da magani, kowa zai ga kansa. Muna da misali a zahiri: a 2015 Tarayyar Turai ta dakatar da shigar da waken Najeriya saboda yawan guban kashe ƙwari da aka samu a cikinsa, irin sinadarin da ke cikin fiya-fiyar da wasu 'yan kasuwa ke zuba wa hatsi a rumbu. Haka nan akwai masu son a yi ƙatuwar fara mai girman raƙumi irin na finafinan Amurka na shekarun 1950. Wannan kuskure ne, ta fuskar kuɗi da ta hikima. Ƙaton dodo ana iya harbe shi a huta, amma babu bindigar da ke kashe miliyan arba'in. Sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi, kuma a kan wannan ya kamata a gina tsoron.

Limawa ta dace da wannan labari saboda tana tsakanin gari da gona. Tsohuwar unguwa ce a Dutse, kusa da Garu inda fadar Sarki take, duwatsu na kewaye da ita, ga itatuwan dabinon da aka san garin da su, ga gonakin gero da dawa da gyaɗa ba nisa. Tun da Dutse ta zama babban birnin jiha a 1991, sannan aka buɗe Jami'ar Tarayya a 2011, garin ke faɗaɗa yana cin gonaki, rayuwa na ƙara tsada. A irin wannan wuri za a iya sa wata uwar marayu mai soya fara, wadda dillali daga kasuwar Shuwarin ya ba ta jari da sharaɗin ta kawo kaya rani da damina. Ɗanta ɗalibin kimiyya ya koya mata kiwo a wani kango bayan gida. Daga nan labarin ya hau: dusa ta yi tsada, ta koma karɓo jini daga mahauta, farin suka ƙi komawa ga ganye, akuyar maƙwabta ta ɓace, 'yarta ta fara lura da ɗaurin tsumma a hannun uwar. Za a iya sa limamin unguwa ya shigo da tambayar da Bafaranshe ba zai taɓa yi ba: fara halal ce, to wadda aka yi kiwonta da jini fa? Malaman fiƙihu sun daɗe da tattauna hukuncin dabbar da ke cin najasa, wadda suke kira jallala, don haka muhawarar tana da tushe. Kunya da sirrin gida ma za su yi aiki, domin a unguwar da kowa ya san kowa, ɓoye abu shi ne rabin azaba. A bar waƙa da rawa a wannan karon. Ƙarar fikafikai a kan kwanon rufi da tsakar dare, da hazon hunturu da ke hana gane ƙura ce ko garke, sun isa.

Ƙarshen fim ɗin ma abin muhawara ne. Masu son a faranta wa mai kallo za su so jirgin feshi ya zo ya kashe komai. Masu son gaskiya za su ce a bar unguwa ta ceci kanta da abin da kakanni suka sani: haƙa rami, kunna wuta, kaɗa gwangwani, fita gayya da asuba lokacin da sanyi ya daskarar da farin, sannan matar ta tsaya gaban jama'a ta faɗi abin da ta aikata, a kuma tambayi dillalin da maƙwabtan da suka ga halin da marayu ke ciki suka kau da kai. Wannan ƙarshen ya fi araha, ya fi kama da mu, ya kuma raba laifin yadda ya kamata.

Bayan auna ɓangarorin biyu, hukuncina shi ne masu adawa sun yi daidai a kan sharuɗɗa, masu goyon baya sun yi daidai a kan asalin magana. A yi fim ɗin, amma da izini ko da sabon labari na kashin kai, da fara ta gaske, da jini kaɗan, da mutunta masu sana'a, da shawarar malaman addini da na aikin gona tun daga rubutu. Kira na ga marubuta da masu shirya fim na Jigawa shi ne su daina jiran Kano ko Legas su ba da labarin gonakinsu. Su zauna da tsofaffin manoma su ji yadda shekarun fari suka kasance, su zauna da mata masu soya fara su ji yadda sana'ar take, sannan su rubuta.